Shekara uku ana jiran shawarar DPP: wa za a tuhuma?

Tambaya: Assalamu alaikum Barista. An kama ƙanena bisa zargin fashi da makami, kotun majistare ta tura shi gidan gyaran hali. Shekara ta uku ke nan, duk ranar da muka je kotu sai a ce ana jiran shawarar Ma'aikatar Shari'a, a sake ɗage zaman. Shin babu dokar da ta ɗaure lauyoyin gwamnati da lokaci? Idan suka yi sakaci, wa ke hukunta su?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Allah ya kawo masa mafita. Dokar tana nan, har da adadin kwanaki a rubuce. Inda gizo ke saƙa shi ne, da wuya a ga an hukunta wanda ya karya ta.

Ki fara sanin inda ƙanenki ya maƙale. Majistare ba shi da hurumin sauraron fashi da makami. Abin da kawai ya yi shi ne ba da umarnin a ajiye shi, kafin 'yan sanda su aika fayil ofishin daraktan gabatar da ƙararraki, wanda kowa ke kira DPP. Can ne lauya zai duba hujjoji ya ce ko a gurfanar da shi a Babbar Kotu, ko a sallame shi. Don haka har yau ba a fara shari'arsa ba. Sau da yawa ma fayil ɗin bai bar hannun 'yan sanda ba, ko an yi wa ɗan sandan da ya yi bincike canjin wurin aiki, ko shawarar ta fito amma ba a kai wa kotu ba. Irin wannan ne ya sa kusan kashi biyu cikin uku na mutanen da ke gidajen gyaran hali a Najeriya masu jiran shari'a ne.

Dokar gudanar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 ta ba Antoni Janar, wanda ofishin DPP ke ƙarƙashinsa, kwana 14 ya fitar da shawara daga ranar da fayil ya shiga hannunsa. Sashe na 296 kuma ya ce umarnin ajiya na farko kada ya wuce kwana 14, ana iya ƙara wasu 14. Bayan nan kotu ta kira hukuma ta zo ta faɗi dalilin ci gaba da tsarewa, in babu dalili mai ƙarfi a sallami mutum. Jihohi sun yi tasu dokar a kan wannan tsari, wa'adin kan ɗan bambanta, amma babu jihar da ta halatta shekara uku.

Batun hukunta lauyan gwamnati shi ne mai wuya. Sashe na 211 na kundin tsarin mulki ya damƙa wa Antoni Janar na jiha ikon shigar da ƙara, karɓe ta, ko janye ta. A shari'ar Ilori ta 1983, Kotun Ƙoli ta ce kotu ba za ta binciki yadda ya yi amfani da wannan iko ba. Wanda ya naɗa shi da kuma jama'a su ne za su tambaye shi. Ba a nan kaɗai ba ne. Kotun Ƙolin Amurka a 1976 ta ce ba a neman diyya daga mai gabatar da ƙara a kan aikin gurfanarwa. Hikimar a fili take: lauyan da ke tsoron a maka shi kotu ba zai iya tuhumar mai ƙarfi ba. Na yarda da wannan kariya idan ana maganar yanke shawara. Ban yarda ta rufe wanda ya bar fayil a durowa shekara da shekaru ba, domin wannan bai yanke shawarar komai ba.

Kanada ta ɗauki wata hanya. A 2016 Kotun Ƙolinta ta sa iyakar wata 18 a ƙananan kotuna, wata 30 a manyan, bayan an cire jinkirin da wanda ake tuhuma ya jawo. Idan aka wuce babu uzuri na musamman, shari'ar ta mutu. A ganina wannan ne ke sa ma'aikata ta tashi tsaye, don jinkiri ya zama asararta ita ma. A tsarinmu, wanda ke tsare da iyalinsa ne kaɗai ke biyan kuɗin sakaci.

Ga abin da za ki yi. Ki sa lauya ya rubuta wa DPP ya tambaya ko fayil ya iso da ranar da ya iso, a karɓi kwafin da aka buga wa hatimi. Wannan takarda ce za ta nuna mai laifin jinkirin. Sannan a nemi beli a Babbar Kotu. Gaskiya ne laifin da hukuncinsa kisa ne, kamar fashi da makami, belinsa na da tsauri, amma sashe na 161 na dokar 2015 ya lissafa jinkirin da ya haura shekara ɗaya cikin dalilai na musamman da ke ba da damar beli. Ana kuma iya shigar da ƙarar tauye haƙƙi a kan gwamnati, domin sashe na 35 na kundin tsarin mulki ya tanadi diyya da neman afuwa ga wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba. Kotun ECOWAS a 2012 ta umarci Najeriya ta saki Sikiru Alade ta kuma biya shi diyya, bayan ya shafe shekara tara a tsare ba shari'a. In babu halin ɗaukar lauya, hukumar ba da tallafin shari'a ta ƙasa tana yin irin wannan aiki kyauta, kuma ki roƙe su su sa sunansa cikin waɗanda za a gabatar wa Babban Jojin jiha idan ya kai ziyara gidan gyaran hali.