Bartlettina da ke yaushi da rana ba ruwa take nema ba

Ɗana, ka ce shukar furen nan, Bartlettina, da aka damƙa maka tana langaɓewa da zarar rana ta take, alhali safe da yamma kana ba ta ruwa, har kana tunanin ƙara na uku da azahar. Kada ka ƙara. Ajiye bokitin tukuna mu yi magana.

Kafin ka nemi maganin shuka, fara sanin inda ta fito. Wannan da masana ke kira Bartlettina sordida 'yar tsaunukan Meziko ce, wajen jihohin Berakurus da Wahaka, a dazuzzukan da gajimare ke sauka har cikin itatuwa ya wuni a can. Iskar wurin a jiƙe take, zafi bai yi tsanani ba, kuma manyan itatuwa sun yi mata rumfa, hasken da ke iso ta tatacce ne. A da ana lissafa ta cikin rukunin tsirran da ake kira Eupatorium, sai a 1971 aka ware mata sunan da take ɗauke da shi yanzu, don tunawa da wani masanin tsirrai ɗan Amurka, Harley Bartlett. Danginta ɗaya da latas da shuwaka, ba ta zubar da ganye duk shekara, kuma in ta ji daɗin wuri takan haura mita 2.

Yanzu je ka kama ganye ɗaya ka duba. Faɗinsa ya fi tafin hannunka, tsawonsa kan kai santimita 25, ga laushi, ga jijiyoyi masu jan shunayya, reshen kuma lulluɓe da gashi mai taushi. Ganye irin wannan an yi shi ne don ya tara ɗan hasken da ke cikin inuwa. Ka kai shi tsakiyar rana da busasshiyar iska, ruwan da ke fita ta jikinsa sai ya fi wanda saiwa ke iya jawowa, ko da ƙasar sharkaf take. Shi ne yaushin da kake gani. In ka bi shi da ƙarin ruwa, iska ta ƙare a cikin ƙasa, saiwa ta shaƙe ta fara ruɓewa, daga nan yaushin ya zama na dindindin. Da yawan wannan shuka a haka suke mutuwa, a hannun masu tausayinsu.

Yadda za ka bambance kuwa ba wuya. Leƙa ta da asuba. In ganyen ya miƙe ya yi ƙyam, saiwa lafiya lau, rana ce kawai ke dukanta. In har da asuba a langaɓe take, ganye a zube, ga ƙasa jiƙe, to tone gefe a hankali ka shinshina. Saiwa mai lafiya fara ce mai ƙarfi. Wadda ta ruɓe ta yi baƙi-baƙi, tana wari, tana saɓulewa a yatsa. Sai ka yanke ruɓaɓɓen, ka sauya mata ƙasa.

Abin da take so shi ne hasken safiya, sannan inuwa daga hantsi zuwa la'asar, gindin itace mai sakakken ganye ko gabashin bango, inda iska mai ƙarfi ba ta yaga ganyen. Haɗa mata ƙasa da ruɓaɓɓen ganye da ɗan yashi, ta riƙe danshi amma ruwa ya wuce. Shimfiɗa busasshen ganye a gindinta kaurin yatsu uku, kada ya taɓa jikin itacen. Ban-ruwa kuma da yatsa ake yinsa: ka nutsa shi cikin ƙasa, in ka ji sanyi ka wuce. Sanyin da ke daskarar da raɓa shi ma yana ƙone ta.

In ka yi mata haka, a ƙarshen sanyi za ta saka maka da curin fure mai launin shunayya, faɗinsa kusan santimita 30, ga ƙamshi mai zaƙi. Ni dai cikin itatuwan inuwa ban ga wanda ya kai ta kyau a wannan lokacin ba. Matsa kusa ka gani: kowane ɗan kai da kake ɗauka fure ɗaya, tarin ƙananan furanni ne, zaruruwansu sun fito waje.

Da furen ya bushe, sa almakashi ka datse rassan, ka rage kamar sulusinsu, sama da gaɓa, don ta yi toho daga ƙasa kada ta zama doguwa marar riga. Kada ka jira iri ya nuna. 'Ya'yanta suna da gashi, iska na kwasarsu, kuma a haka ta tsere daga lambuna ta shiga daji a Ostareliya da Niyu Zilan da Afirka ta Kudu, tana danne tsirran ƙasar. Busasshen kan furen a buhu za ka tara shi, ba a kan juji ba.

In ƙari kake so, daga rassan da ka datse zaɓi wanda ya fara ƙwari amma bai tsufa ba, tsawon santimita 15. Tsige ganyen ƙasa, ka raba na sama biyu da wuƙa mai kaifi don rage asarar ruwa, ka soka shi cikin yashi mai danshi, ka kifa masa farar leda a inuwa. Kada ka riƙa jan sa don ganin ko ya kama. Sabon toho ne zai gaya maka.