Takardar cikin bango ta tsage, a lafta mata salatif?

Tambaya: Malam, Alƙur'anin marigayi mahaifina ne bangonsa ke neman fita. Takardar nan da ke manne a cikin bango ta tsage daga sama har ƙasa. Mai ɗaurin littattafan da na kai wa ya ce ado ce kawai, zai sa salatif a wuce wurin. Hankalina bai kwanta ba.

Amsa: Allah ya jiƙan Baba. Hajiya, ki je ki karɓo shi tun bai taɓa ba.

Wannan takarda falle ɗaya ce aka ninka biyu, rabi a manne da kwali, rabi a sake, an ɗan kama bakinsa da shafin farko. Ita da ƙyallen ragar da ke ƙashin bayan littafi, wato inda aka ɗinke shafuka, su ne ke riƙe da bango. Fatar da aka lulluɓe kwali da ita tana jan sa waje in ta bushe, takardar kuma ta ja shi ciki ya miƙe. Shi ya sa muke zaɓar mai kauri, mai nauyin giram 120 zuwa 150 a kowane murabba'in mita, marar asid, jijiyarta, wato inda zaruruwan takardar suka miƙe, ta bi tsawon ƙashin baya. Takardar kwafi mai giram 80 ba ta jure buɗewa da rufewa.

Salatif kuwa, wallahi ya ishe ni. Da wuya mako ya wuce ba a kawo mini littafin da ya kashe ba. Ranar da aka sa, fes. Bayan 'yan shekaru a zafin ƙasar nan, ledar ta bushe ta faɗo, danƙon kuma ya riga ya nutse cikin takarda, ya bar tabo ruwan ƙasa kamar wadda aka naɗe ƙosai da ita. Wurin ya yi ƙarau, kina taɓawa yana karyewa. In an yi ƙoƙarin ɓare shi tun yana ɗanye, ya taho da tawada. Kuma ba ya ɗaukar nauyin bango, sai tsagar ta koma daidai bakinsa, ta ci shafin Fatiha. Masu ɗiga gam mai kamawa nan take sun fi ɓarna, domin takarda sandarewa take yi. Duk don a karɓi kuɗi cikin minti biyar!

Nemi wanda zai yi aiki da kunun sitacin alkama, wanda danshi ke saki in an so gyara nan gaba, ya sa sabon ƙyalle da sabuwar takarda. In Baba ya rubuta sunayenku ko ranakun haihuwa a tsohuwar, ki ce a ɗaga ta a hankali a mayar ciki. Kafin nan, naɗe Alƙur'anin a farin ƙyalle mai tsabta, ki ajiye shi a kwance.