Kalmar "thole": ma'anoninta a Turanci da harshen mutanen Sikotlan

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce a sashen nazarin shari'a. Ina karanta wani bayani kan kotunan Sikotlan sai na ci karo da jimlar da ke cewa wanda ake tuhuma "had tholed his assize". Na duba ƙamus, na tarar an bayyana thole a matsayin fegin katako da ake kafawa a gefen jirgin ruwa, abin da bai yi kama da zancen kotu ba ko kaɗan. Mece ce ainihin ma'anar kalmar, kuma Turanci ce ko wani harshe ne daban?

Amsa: Malama, ƙamus ɗinki bai yi ƙarya ba, sai dai ya ba ki wata kalma daban wadda rubutu da furuci suka haɗa ta da wadda kike nema. Thole biyu ne a Turanci. Ɗaya suna ce, wato fegin da ake kafawa a bakin ƙaramin jirgin ruwa domin ya tokare filafili a lokacin tuƙi, kuma galibi biyu-biyu ake kafa su, filafilin ya zauna a tsakaninsu. Wannan ba ta da ruwa da jimlarki. Ɗayar kuwa aikatau ce mai nufin jurewa ko daurewa, ita ce kuma ta shiga bakin lauyoyi. Ana furta farkonta da kan harshe tsakanin haƙora, kamar harafin farko na "thumma" a Larabci, sauran kuma ya yi amo ɗaya da kalmar Turanci "hole".

Wannan aikatau tsohuwa ce ƙwarai, domin tana cikin Turancin da ake yi fiye da shekaru dubu da suka wuce, inda siffarta take "tholian", kuma ta zo a cikin Beowulf, doguwar waƙar jarumta ta tsohon Turanci. Tana da dangi a wasu harsunan Turai: Jamusawa suna cewa "dulden" don jurewa da "Geduld" don haƙuri, sannan "tolerare" ta Latin, wadda ta haifi "tolerate", daga tushe ɗaya suka fito, tushen da asalin ma'anarsa ita ce ɗaukar kaya. Bahaushe ba zai yi mamakin wannan ba, tunda shi ma idan abu ya ishe shi yakan ce ba zai iya ɗauka ba. Abin da ya faru shi ne, bayan da Normawa, mutanen arewacin Faransa, suka ci Ingila da yaƙi a 1066, kalmomi masu asalin Faransanci irin su "suffer" da "endure" suka yi ta samun gindin zama a Turancin kudu, har thole ta fita daga daidaitaccen harshe, ta rage a arewacin Ingila da Sikotlan da arewacin Ailan.

Nan ne sashe na biyu na tambayarki ya shigo. Harshen mutanen Sikotlan da ake kira Scots ba shi ne Gelik ba, wato ɗaya tsohon harshen ƙasar, kodayake mutane da yawa suna haɗa su. Gelik daga wani reshe ne daban, shi kuwa Scots ɗan'uwan Turanci ne na jini, ya tsiro daga tsohon Turancin yankin Northumbria, wanda ya haɗa arewacin Ingila da kudu maso gabashin Sikotlan, ya kama hanyarsa tsawon ƙarnuka, har ya zama harshen fada da na dokoki a zamanin da Sikotlan take da nata sarki da majalisa. A ƙidayar jama'ar Sikotlan ta 2011, kimanin mutum miliyan 1.5 sun ce suna iya magana da shi. Saboda haka thole ta harsunan biyu ce, amma a Scots take da rai, a Turancin yau kuwa an ɗauke ta a matsayin tsohuwar kalma ko ta karkara.

A bakin mutanen Sikotlan, ma'anarta ta farko ita ce jure wahalar da mutum ba shi da yadda zai yi da ita, kamar ciwo ko talauci ko rashi ko sanyi. Mawaƙinsu Robert Burns ya yi amfani da ita a 1785 a waƙarsa ga wani ɓera da garma ta rushe wa gida ana dab da shiga hunturu, inda ya ce yanzu ya zame wa ɓeran dole "to thole the winter's sleety dribble", wato ya jure yayyafin hunturu mai haɗe da ƙanƙara. Ma'ana ta biyu ta fi sauƙi, kuma ita aka fi ji a hira, yawanci da korewa: wanda ya ce "I canna thole him" yana nufin ba ya iya haƙuri da mutumin, jininsu bai haɗu ba. Ana kuma iya amfani da ita ita kaɗai ba tare da an ambaci abin da ake jurewa ba, sai ta koma daidai da "yi haƙuri" ko "daure". Mawaƙi Seamus Heaney, ɗan Ailan ta Arewa wanda ya sami kyautar Nobel a 1995, ya rubuta a gabatarwar fassararsa ta Beowulf, wadda ta fito a 1999, cewa da ya ga kalmar a jerin ma'anonin kalmomi na wani bugun waƙar sai ya gane ita ce wadda dattawan yankinsu suke amfani da ita, wadda gwaggonsa takan faɗa game da iyalin da aka yi wa rasuwar ba-zata, cewa dole su koyi daurewa. Kalmar ta isa arewacin Ailan ne ta hannun mutanen Sikotlan da aka zaunar a can, a yankin Ulster, tun farkon ƙarni na 17.

Ma'anar da na fi ganin ta cancanci a tsaya a kanta, ban da ta kotu, ita ce ta yankin Yokshaya a arewacin Ingila, inda kalmar ta koma "thoil". A can, idan mace ta tsaya a kanti ta juya riga, ta duba kuɗinta, ta mayar da ita ta ce "I can't thoil it", ba tana nufin ba ta da kuɗin ba ne. Kuɗin suna cikin jakarta, amma zuciyarta ba ta yarda rigar ta kai a fitar da su dominta ba. Juriyar nan ta zama juriyar rabuwa da kuɗi, kuma daidaitaccen Turanci ba shi da kalma guda da ke riƙe da wannan bambanci tsakanin rashin hali da rashin yardar rai.

Yanzu ga jimlarki. A tsohon harshen shari'ar Sikotlan, "assize" na nufin taron mutanen gari da ake zaɓa su saurari shaidu su yanke ko mutum ya aikata laifi, waɗanda a manyan shari'o'in laifi na ƙasar su 15 ne, ba 12 ba kamar a Ingila, sannan kalmar tana nufin zaman shari'ar kansa. Wanda aka ce ya yi "thole" ɗin "assize" ɗinsa, shi ne wanda ya riga ya gurfana, aka yi shari'arsa har aka kai ga hukunci, ko an wanke shi ko an same shi da laifi, don haka yana da hujjar da zai kafa idan aka sake gurfanar da shi kan wannan laifin. A ganina zaɓin kalmar yana bayyana dalilin ƙa'idar fiye da dogon sharhi, domin ya nuna an ɗauki tsayuwa gaban kotu a matsayin wahala ce a karan kanta, wadda bai kamata hukuma ta ɗora wa mutum sau biyu ba. Za ki ga irin wannan kariya a sashe na 36(9) na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999. Idan za ki mayar da jimlar Hausa, ki ce an riga an yi masa shari'a kan wannan tuhuma an gama, kada ki ce ya jure shari'arsa, domin mai karatu zai zaci ana yabon haƙurinsa ne.

Ki kuma lura da shekarar da aka rubuta bayanin da kike karantawa, saboda ƙa'idar ta sauya. A 2011 majalisar Sikotlan ta yi dokar da ta ba babbar kotun laifuffuka ikon yarda a sake shari'ar wanda aka wanke a wasu yanayi ƙalilan: idan an gurɓata shari'ar farko, misali ta hanyar tsorata shaidu, ko idan mutumin ya amsa laifin, ko kuma idan sabuwar shaida mai ƙarfi ta bayyana a babban laifi. Wanda aka fara samu da laifi ta wannan hanya shi ne Angus Sinclair, kan kisan wasu 'yanmata biyu masu shekaru 17 da aka yi a 1977 bayan sun fito daga wata mashaya a Edinbara. Shari'arsa ta farko ta rushe a 2007 lokacin da alƙali ya yanke cewa shaidun da aka gabatar ba su isa ba, aka sake gurfanar da shi a 2014, aka yanke masa ɗaurin rai da rai.

Game da amfani da kalmar a rubutunki kuwa, tana bin tsarin sauran aikatau, ana cewa "tholes" da "tholed" da "tholing". Idan kina magana kan dokar Sikotlan, ki kawo jimlar yadda take tare da bayaninta a karon farko. A sauran rubutu ki yi amfani da "endure" ko "tolerate", domin yawancin masu jin Turanci, har da mazauna Landan, ba su taɓa jin thole ba.