Camus ko Kafka: wanne zan fara saya?

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce, kuɗin littafi ɗaya ne a hannuna. Ina yawan jin ana ambaton The Stranger na Albert Camus da The Metamorphosis na Franz Kafka. Wanne zan saya? Kuma an ce irin waɗannan littattafai suna taɓa imani.

Amsa: Malama, ki sayi na Camus, amma ki fara karanta na Kafka, don akwai fassararsa ta Turanci kyauta a shafin Project Gutenberg. Gajere ne, ya fito a 1915 da Jamusanci. Gregor Samsa, mai yawon tallar yadi da ke ciyar da gidansu yana biyan bashin iyayensa, ya wayi gari ya rikiɗe ya zama ƙaton ƙwaro. Abin da ya fara damunsa shi ne jirgin ƙasa ya tafi ya bar shi, zai makara wurin aiki. Ƙanwarsa da ke kai masa abinci ita ce daga baya ta ce a rabu da shi. Duk wanda ya ga yadda ake juya wa mai ɗawainiyar gida baya ranar da ya kwanta ciwo zai gane wannan labarin.

Na Camus ya fito a 1942. Meursault, Bafaranshe mazaunin Aljeriya, ya harbe wani Balarabe a bakin teku, amma kotu ta fi damuwa da rashin kukansa a jana'izar mahaifiyarsa. Har littafin ya ƙare ba a faɗi sunan mamacin ba, kuma wannan yana ci mini tuwo a ƙwarya. Sai a 2013 marubucin Aljeriya Kamel Daoud ya rubuta martani, ya raɗa masa suna Musa.

A kula wajen saye: a Ingila ana buga na Camus da sunan The Outsider, littafi ɗaya ne, kada a sayar miki sau biyu. Ki nemi fassarar Matthew Ward ta 1988. Idan kina jin Faransanci, ɗauki na asali, L'Étranger, jimlolinsa gajeru ne masu sauƙi.

Batun imani kuwa, ba zan ɓoye miki ba. Camus bai yi imani da Allah ba. A ganinsa ɗan Adam yana neman ma'anar rayuwa, duniya kuma ta yi masa shiru, shi ya sa Meursault ya fatattaki limamin kirista da ya zo masa wa'azi a kurkuku. Ban yarda da Camus a nan ba, amma tambayar da ya yi ta gaske ce. Ki karanta da saninki, in wani wuri ya tsaya miki a rai ki kai wa malamin da kika amince da iliminsa.