Tambayi Anti: Ina Gusau, Shi Yana Dubai

TAMBAYA: Salam Anti, ina wuni ya aiki. Ni budurwa ce daga Gusau, wanda nake so yana aikin shago a Dubai, waya ce kawai ta riƙe mu. Da farko kullum sai mun raba dare muna hira amma yanzu in na tura mishi saƙo sai ya wuni bai buɗe ba, in ya amsa ma kalma biyu ce. Ni kuma ina wani guruf na WhatsApp inda marubuciya ke sakin labari feji feji mu masu karatu muna zaɓar abin da jarumin zai yi gaba, wallahi in na ga yadda yake lallashin budurwarshi daga nesa sai in ji nawa bai sona. In haƙura da shi ne?

AMSA: Wa alaikis salam ƙanwata. Bari mu fara da jarumin guruf ɗinku, ai dole ya iya lallashi tunda ku ke juya shi. Marubuciya ta saki feji, ku cika mata waya da "Anti don Allah ya kira ta ya ba ta haƙuri", gobe ya kira ya ba da haƙuri har da kuka. Haka wasannin waya irin su Episode da Choices suke, a jera miki amsoshi ki taɓa wadda ranki ke so labarin ya bi ta can. Ni ma ina karanta irin labaran nan kuma ban ce ki daina ba, amma wannan jarumi bai biyan haya, ba maigidan da ke tsaye a kanshi, cajinshi bai ƙarewa, mata ne 'yan uwanki suka taru suka ƙera shi daidai son ransu.

Naki kuwa Dubai ta riga mu da awa 3. Ƙarfe 10 na dare da kika gama aikin gida kika kwanta kina son hira, shi ƙarfe 1 ne wajenshi kuma da safe shago na jiranshi. Sannan a can kiran WhatsApp a toshe yake, saƙon rubutu da saƙon murya ne ke wucewa, shi ya sa mutanenmu na can ke amfani da manhajar Botim in za su yi kira. To ku tsaida lokaci ɗaya da bai cutar da kowa, misali bayan la'asar ɗinmu in ya tashi aiki ke nan, sauran ranar ki bar mishi saƙon murya ya saurara in ya samu sarari, ki daina zaman gadin onlayin ɗinshi kina ƙirga minti, ba abin da zai ƙara miki sai ciwon kai da ƙonewar data, ga shi tun da aka amince da ƙarin kashi 50 na kuɗin kira da data a farkon 2025 kowa na ji a jikinshi.

Amma abin da ya fi tsaya min a wasiƙarki shi ne ban ji kin ambaci kowa nashi ba. Ke 'yar Gusau ce, kin san abin da ya faru a Satumbar 2021 da aka katse sabis a duk Zamfara saboda yaƙi da 'yan bindiga, makonni ba kira ba data, mutane har mota suke shiga su bar jihar don kawai su ji muryar nasu. In haka ta sake faruwa gobe, Allah ya kiyaye, wa zai tako daga gidansu ya kawo miki labarinshi? Mahaifiyarshi ta san da ke? Ƙannenshi mata sun taɓa zuwa gaida Inna? In amsar a'a ce to nan za ki matsa, ba kan saurin amsa saƙo ba. Ki ce mishi cikin ladabi ya turo magabatanshi su gabatar da kansu, nisa bai hana wannan, ko ɗaurin aure ma wakili na karɓa ango na wata ƙasa. In ya ce to ya kuma sa lokaci, ki yi mishi uzurin gajiya. In ya fara kwana kwana yana sai na tara sai na dawo ba rana ba wata, ki sanar da iyayenki halin da ake ciki kar ki rufe ƙofa ga wasu manema.

TAMBAYA: Anti ni saurayi ne daga Argungu, mun haɗu da wata a Facebook ta ce tana karatu a Kaduna, muna soyayya sosai amma duk sanda na nemi bidiyo kol sai ta ce kyamararta ta lalace, yanzu kuma tana son in tura mata kuɗin gyara.

AMSA: Ɗana kar ka tura ko sisi tukuna. Duk makarantar ba ƙawa ɗaya mai waya da za ta ara na minti biyu? Ka ce ta faɗi unguwarsu da sunan mahaifinta, in kana da 'yar uwa a Kaduna ta je su gaisa ido da ido. In ta ƙi duka biyun ka toshe lambar, don ba mamaki ƙato ne mai gemu kake ta kira sahiba.