Motar da ba ta san kwanar dama ba

Ka ce ka kalli tseren Daytona na Amurka a wayarka, ka ji direba yana ta faɗin "tayit" da "lus" ta rediyo, shi ne kake tambaya ko wani noti ne ya kwance. Ajiye sifanan nan ka zauna, yaro, ba maganar noti ba ce.

Fara sanin filin tukuna. Zagaye ne mai siffar ƙwai, hagu kawai ake karyawa tun daga farko har ƙarshe. Daytona mil 2.5 ne, an karkata kwanarsa digiri 31 kamar gefen kwano, ta filin Talladega kuma 33. Indianapolis tsawonsu ɗaya da Daytona, amma karkatarsa digiri 9 ce kacal. Motar irin wannan fili da gangan ake haɗa ta a karkace. Da za a kawo mana ita gareji, da kai ne na farko da zai ce alaimen ya tafi.

"Tayit" shi ne direba ya murɗa sitiyari, gaban mota ya ƙi bi, tana ta neman katanga da hanci, wato tayoyin gaba sun rasa riƙo. "Lus" kuwa gaba ya kama, baya ne ke zamewa yana neman ya riga gaba isa. Ka san yadda a-kori-kura marar kaya take wutsil-wutsil a kan laka? To, haka, amma a gudun da ya kusa mil 200 a awa. Kuma direban kirki ba ya tsayawa nan, sai ya ce a shiga kwana ne, ko a tsakiya, ko a fita. Wannan ne bakanike yake jira ya ji, don daƙiƙu kaɗan gare shi in motar ta shigo canjin taya.

Maganin farko "sitaga". Kwantar da kofin shayinka a ƙasa ka tura shi. Ba zai tafi sak ba, zai yi ta kewayawa wajen gindinsa, don bakin ya fi faɗi. Haka ake sa tayar dama ta ɗan fi ta hagu girma, motar ta riƙa son hagu da kanta. A ƙananan filayen turɓaya da ido ma za ka ga bambancin. In ya yi yawa a baya, ka sayo "lus" da kuɗinka.

Na biyu "weji", kuma shi na fi so ka gane. Tura kwali ƙarƙashin ƙafa ɗaya ta tebur: nauyi zai koma kanta da wadda ke kusurwar da ke kallonta, sauran biyun su yi sauƙi. A mota ana nufin nauyin da ke kan tayar gaba ta dama da ta baya ta hagu. In ka ga an zura dogon ƙarfe ta ramin gilashin baya ana murɗawa, sifirin ake dannawa. A ƙara, motar ta yi "tayit". A rage, ta saki. Wani lokacin ma ba a taɓa sifirin, iskar taya ɗaya ake ragewa da rabin fam.

Sauran kalmomin ba su da wuya. "Diraftin" shi ne laɓewa a bayan ta gaba don ta yanka maka iska, abin da 'yan acaɓa marasa jin magana suke yi a bayan tirela. "Sifota" mutumin da ke can saman bene yana zama wa direba ido.

Cunkushewar da ka gani, motoci kamar garken tumaki, tana da tarihi. A 1987 Bill Elliott ya yi mil 212.8 a awa a Talladega, kuma a tseren nan motar Bobby Allison ta tashi sama ta yaga shingen gaban 'yan kallo. A 1988 sai NASCAR, hukumar da ke shirya tseren, ta sa faranti mai huda huɗu ƙarƙashin kafireta a Daytona da Talladega, ya rage iskar da inji ke sha. Ƙarfi ya zo kusan ɗaya, ba mai iya tserewa shi kaɗai, sai da wanda zai tura shi daga baya.

Tashi ka ɗauko kofin mu gwada.