Jika ashirin ɗin da ka ce a ba Facebook

Ɗana, ka tambaye ni ko zan yarda mu cire jika ashirin, wato sefa dubu ashirin, daga kuɗin shago mu ba Facebook, ya nuna jakunkunanmu da titimi ga mutanen Faransa da Jamus, ko ƴan yawon buɗe ido za su gani su zo Maraɗi su saya. Kuɗin zan bayar, amma ba duka a tashi ɗaya ba, kuma ba Faransa za mu dosa da su ba. Ajiye basillar nan ka saurara.

Wane ne baƙon da ke shigowa garin nan? Kai a ranka Bature ne mai malafa da kyamara rataye a wuya. To shi wannan, ko lokacin da ƙasa ke zaune lafiya, Agadas ya nufa, da duwatsun Ayar da hamadar Tenere, ko taron makiyaya na Ingal a ƙarshen damina. Maraɗi zango ce gare shi, ya kwana, ya sha mai, ya wuce Damagaram. Yanzu kuwa gwamnatocinsu ma gargaɗinsu suke kada su zo, wanda aiki ya kawo shi kuma ba ya barin Yamai sai da rakiyar jami'an tsaro. Mutumin da ke zaune a Faris in ya ga hoton jakarka, ko ta burge shi, iyakarsa ya danna alamar so ya wuce. Facebook dillali ne da ke karɓar la'adarsa ko an yi ciniki ko ba a yi ba. Shi aikinsa ya nuna wa mutane, kuma ya nuna.

Baƙinmu na gaskiya kana ganin su kullum, ba ka dai ɗauke su ƴan yawo ba ne don kamarsu ɗaya da mu. Akwai ɗan kasuwar Katsina ko Kano da ya biyo ta Jibiya da Ɗan Isa don kasuwar Litinin ko ta Juma'a. Akwai ma'aikacin gwamnati ko na ƙungiyar agaji da aka turo daga Yamai taron bita na kwana uku, yana otel da kuɗin guzuri a aljihu, matarsa kuma ta ce kada ya dawo ba tsaraba. Akwai ƴan biki, da iyayen ɗaliban Jami'ar Ɗan Dikko Ɗan Kulodo, da masu ziyarar kaburburan waliyyai a tafkin Madarunfa lokacin Mauludi, da ƴan garin nan mazauna Abijan ko Kwatano ko Makka da ke dawowa ganin gida. Ka tuna yadda layinmu ya yi tsit da aka rufe iyaka bayan juyin mulkin Yulin 2023, har sai da aka buɗe ta a Maris na 2024? Ba rashin Turawa ne ya kwantar da kasuwa a watannin nan ba. In Allah ya sa layin dogon da ake shimfiɗowa daga Kano, mai kilomita 284, ya iso nan, waɗannan mutanen ne dai za su ƙaru.

Kafin dala ɗaya ta fita, akwai abubuwan da ba a biya, kuma ba mu gama su ba. Shagon nan ba ya kan taswirar Google. Baƙon da ke otel ba ya gane "bayan masallaci, kusa da mai shayi". Waya yake buɗewa ya rubuta abin da yake nema, in bai gan ka ba ya je wurin wanda ya gani. Ka sa shagon a taswira da hoton ƙofarsa kamar yadda take, da lamba, da lokacin buɗewa, ka rubuta cewa muna rufewa don sallar Juma'a. Ka mai da lambar shago kan WhatsApp Business, ka jera kaya a cikin kundinsa, kowane da kuɗinsa. Lambar shago na ce, ba taka ta hira da abokai ba, don ran da ka samu ƴanci ka buɗe naka wurin, masu sayen nan su san inda za su same mu, kai ma ka fara naka da tsabta.

Sai hoto, kuma nan ne nake so ka daɗe. Hotunan da ka nuna mini jiya da dare ka ɗauke su, ƙarƙashin farin ƙwan lantarki, jar fata ta koma kamar hanta. Ka fito da kaya da hantsi, a inuwar bango, ka shimfiɗa farin ƙyalle ko sabuwar tabarma, jaka ɗaya a hoto ɗaya. Ka sa hannunka a kanta don a gane girmanta, ka buɗe cikinta, ka juya bayanta, ka matso da waya kan ɗinkin har a iya ƙirga shi. Abin da ya fi hoto kuwa gajeren bidiyo ne na aikin kansa. Ɗauki fatar jar akuya ka naɗe ta a tafin hannu, ka matse, ka sake: ta miƙe ba tsaga ba tabo. Wanda ya san fata daga nan ya gama yanke shawara, wanda bai sani ba ya ga abin da roba ba ta yi. Akuyar nan da sunan garinmu aka san ta a duniya, fatarta tun zamanin kakanni ake fita da ita Turai ana yin safar hannu da kayan tsada, amma sai ka ga yaro ya tallata jaka da waƙa da walƙiya bai ko ambaci irin fatar ba. Ka nuna bagaruwar da majema ke jima da ita, ka nuna karan dafin da ke ba da jan launi. Ka yi magana da bakinka, da Hausarka, ba sai ka ɗora kiɗan kowa ba. Rubutun ƙasa ne za ka yi biyu, Hausa da Faransanci, saboda mutanen Yamai da ba su jin Hausa sosai.

Kuɗin kaya kuma ka rubuta shi. Na san a kasuwa taya muke so, "nawa ka saya" ya fi mana daɗi, amma baƙon da ya ga kaya a waya ba farashi, abin da ke zuwa masa shi ne za a tsuga masa don shi baƙo ne, sai ya yi shiru ya wuce. Ka sa da lambobi, 15.000 F, don lissafinmu na jika da dala rikita mutanen Najeriya yake. Naira kada ka rubuta ta a hoto, tana hawa tana sauka; wanda ya tambaya ka gaya masa canjin ranar.

To yanzu tallar kuɗi. Maɓallin nan shuɗi da ke ƙarƙashin hoto, mai cewa Booster, in ka danna shi ka bi duk abin da ya zaɓa maka, shi ne hanyar da kuɗi ke saurin ƙonewa. Abu uku ne dole ka zaɓa da kanka: inda za a nuna, wa za a nuna wa, da abin da kake so mai kallo ya yi. Na ƙarshen shi ne mafi muhimmanci. Ka zaɓi a aiko saƙo ta WhatsApp. In ka bar shi a kan neman so da sharhi, zai nemo maka masu son danna waya, ya tara maka ɗaruruwan "Masha Allah" daga yaran da ko alabe ba za su saya ba, domin irin mutanen da ka ce ya nemo ke nan.

Wajen wuri kuwa, yana ba ka dama ka zaɓi gari ko ka dasa alama a taswira ka zana da'ira kewaye da ita, ya nuna wa mazauna wurin da waɗanda wayarsu ta nuna sun shiga wurin kwanan nan. In ka zana da'ira a kan Maraɗi duka, yawancin masu gani ƴan gari ne da suka san ƙofar shagon nan tun kafin a haife ka. Abin da nake so mu gwada talla biyu ne. Ɗaya a Yamai, da Faransanci, ga masu shekara talatin zuwa sama, kalmominta kaɗan: in aiki ya kawo ka Maraɗi ga inda muke, in bai kawo ka ba muna aikowa ta mota. Ɗaya kuma a Katsina da Kano, da Hausa. Jika ɗaya a rana kowace, kwana biyar, jika goma ke nan. Sauran goman mu riƙe sai mun ji an cika otel-otel da taro, sannan mu dasa ƙaramar da'ira, kilomita ɗaya ko biyu, a unguwar da suka sauka. Biyan da katin banki ake yi. Ka sami irin wanda ake zuba wa kuɗi, ka zuba abin da muka yanke kawai, kuma ka sa wa tallar ranar tsayawa, don in ba ka sa ba ci gaba take tana ci.

Lokaci ma rabin aikin ne. Kayan doki, linzami da ragama da adon sirdi, ba a tallarsu ana saura mako ɗaya hawan salla; mai doki tun wata biyu kafin nan yake neman baduku, mu ma ba mu iya gama masa a kwana bakwai. Gafaka da tandu da ƙananan alabe lokacin Mauludi suke tafiya. Kokawar takobin ƙasa kuwa zagaya jihohi take, duk shekarar da ta faɗo Maraɗi garin cika yake har a rasa ɗakin kwana, to ran nan ko jika hamsin ka nema zan ba ka. A tsakiyar damina, sadda kowa kuɗinsa na gona, kada ka tambaye ni ko dala.

Talla iyakarta ta kawo maka "salamu alaikum, nawa ne wannan?" Daga nan aikin naka ne. Mai taron kwana uku in ya rubuto da azahar ka amsa masa bayan isha'i, ya riga ya sayi kilishi ya cika jakarsa da shi, tsaraba ta samu. Ka amsa da wuri, ka amsa da murya in ka ga rubutu na ba shi wuya, ka tura masa alamar wurin shago, in ya ce ba ya da lokaci ka hau kabu-kabu ka kai masa kala uku ya zaɓa a otel. Na nesa kuma rabin kuɗi tukuna, ta Nita ko Amana ko Airtel Money, sannan mu yanka fata. Hoton rasit da mutum zai turo ba kuɗi ba ne. Sai saƙo ya shigo wayarmu ko ka je ka karɓo da hannunka. In an gama ka kai tashar mota, ka ɗauki hoton ƙunshin da takardar, ka tura masa.

Ga abin da ya fi damuna da wannan harka, kuma shi ya sa ban yi saurin cewa to ba. Da, in jaka ta yi wari, mutum ɗaya ne ya sani, ya dawo ya yi mana faɗa a nan, mu canza masa. Yanzu ƙarƙashin tallar da ka biya kuɗi zai rubuta, duk wanda aka nuna wa ya karanta. Fatar da ba ta jimu ba, a shago ba ka ji, amma a rufe ta cikin mota mai sanyi daga nan zuwa Yamai, fiye da kilomita 600, kafin a kai Dogon Dutsi kowa ya toshe hanci. Jan da bai kama ba kuma, Alhaji ya rataya jaka a kan farar shadda, ka san sauran. Saboda haka duk abin da za ka sa a waya sai na shinshina shi, na goga masa jiƙaƙƙen farin ƙyalle. Kada ka ɗauko hoton aikin wani ka ce namu ne, ko da za mu iya yin irinsa. Kada ka gyara launi a waya har ya fi na gaske.

Baƙo kuma ba a ɗaukar hotonsa sai da izininsa, balle matar mutane. In baƙon waje ne, ko ya yarda, kada ka sa hoton yana cikin gari. Bari sai ya tafi. Zamanin nan ba a shelar inda baƙo yake.

Za su zo maka, masu cewa ka ba su lambar sirrin shafi su yi maka talla mai arha, da masu sayar da mabiya dubu goma, da saƙon da ke cewa za a rufe shafinka in ba ka danna nan ba. Duka ɗaya ne, kada ka kula su.

Ni a ganina, har gobe mai karɓar baƙi a otel da direban motar ƙungiya sun fi Facebook kawo mana mutane, don su ake tambaya "ina ake samun kayan fata na kirki?" Ka yanka ƴan maƙalan makulli daga ragowar fatar nan da ke ƙarƙashin tebur, ka buga lambar shago a jiki, ka kai musu kyauta. Kowace jaka kuma ka ɗinka mata ƴar alama da lambarmu daga ciki. Sannan ka sayo littafi na dala ashirin. Duk wanda ya shigo ko ya rubuto, ka tambaye shi a ina ya ji labarinmu, ka rubuta, da abin da ya saya. Bayan kwana biyar ɗin mu zauna mu duba: in jika goma ta dawo da ribarta mu ƙara, in tallar Yamai ce ta kawo ta Katsina ba ta kawo ba, mu kashe ɗaya mu bar ɗaya.

Gobe da hantsi ka fito da titimin nan biyu da jakar da ka gama shekaranjiya mu ɗauki hoto. Hannun jakar dai sai ka sake shi tukuna, ɗinkin gefen hagu ya karkace.